Sharhi: Fim ɗin Koriya da ya ɗanɗana wa miji kishi

Na kalli My Wife Got Married, fim ɗin Koriya ta Kudu na 2008, kuma gara in faɗa tun yanzu: ba na kunnawa a falo yara na zaune ba ne, akwai wuraren da sai an wuce.

Ƙwallo ce ta haɗa Deok-hoon da In-ah, shi ɗan Real Madrid, ita 'yar Barcelona. Bayan aure aiki ya kai ta wani gari, sai ta dawo masa da magana mai nauyi: ta kamu da son wani, za ta aure shi, kuma ba saki take nema ba. Su biyun take so.

A addinina wannan haramun ne, fim ɗin kuma bai girgiza ni ko kaɗan a kan haka ba. Ko a Koriya doka ba ta amince da aure kan aure ba. Lokacin da fim ɗin ya fito ma, cin amanar aure laifi ne mai ɗaurin da kan kai shekara biyu, sai a 2015 kotun tsarin mulki ta soke dokar. Don haka da gangan masu fim ɗin suka taɓo inda ke yi wa jama'arsu ƙaiƙayi.

Mijin ne ya riƙe ni har ƙarshe. Marigayi Kim Joo-hyuk ya fito da kishi tsirararsa: jiran ranar da za ta zo, ƙirgen kwana, murmushin dole a gaban dangi, neman sanin wa ta fi so. Duk wanda ya tashi a gidan mace fiye da ɗaya ya san wannan fuskar, sai dai a wajen iyayenmu mata muka saba ganinta, muna ce musu su yi haƙuri. Ganin namiji da ita ya taɓa zuciyata matuƙa.

Inda fim ɗin ya gaza shi ne In-ah. Son Ye-jin da ta fito a matsayinta ta yi rawar gani, har ta ci kyautar fina-finan Koriya ta Blue Dragon, amma labarin ya sauƙaƙa mata komai, da wuya ka ga abin ya ci mata rai. Da ciki ya shiga, maganar wane ne uban ta taso, na so a tsaya a kanta sosai, domin haƙƙin yarinyar da aka haifa ne, sai aka fi karkata ga rigimar manya.

Magidanta na fi so su kalle shi, musamman mai shirin ƙara aure.