Ruwan da ya dace a zuba wa na'urar feshin wanke haƙori

Na'urar Waterpik ta kan tebur, samfurin Aquarius, tana aiki sosai wajen fitar da guntun nama da ƙwayar shinkafa daga tsakanin haƙora, musamman ga mai wayar gyaran haƙori. Amma tsawon ranta ya dogara ne da abin da ake zuba mata a tanki.

Ruwa mai ɗumi-ɗumi, tsaftatacce, shi ne asalin abin da aka ƙera ta dominsa. Mai sanyi yana sa haƙori tsami, tafasasshe kuma yana ƙona dasashi ya lalata robar ciki. Tankin yana ɗaukar kusan mililita 650, ledar ruwa ɗaya ta kusa cika shi, kuma ya isa feshin daƙiƙa 90. Idan ruwan rijiya ko na burtsatse ake da shi, a tace shi tukuna, domin yashi kaɗan ya ishi toshe bakin tsinken feshin.

Ruwan kurkure baki ana iya haɗa shi, amma kada ya wuce rabi da rabi da ruwa. Bayan an gama a zuba ruwa zalla a sake kunna ta, don ragowarsa tana yin danƙo a cikin bututu. Maganin kulohesidin, ruwan kurkure baki mai kashe ƙwayoyin cuta, sai likitan haƙori ya rubuta. Yawan amfani da shi yana sa haƙori ya yi ruwan ƙasa.

Inda ake yawan yin ɓarna shi ne maganin gida. Ruwan gishiri da na kanwa, da aka saba kurkure baki da su idan haƙori na ciwo, ba wurinsu ba ne nan. Idan suka bushe sai su bar ɓurɓushi a famfon cikin na'urar, feshin ya riƙa rauni har ya tsaya. Man kanumfari ya fi su illa: ba ya narkewa a ruwa, yana cin robar da ke hana yoyo, kuma ƙarfin feshin na iya tura shi ƙarƙashin dasashi ya yi zafi. Haka aidin da bilic. Wanda yake son kanumfarinsa ya shafa da auduga daban.

Don wanke cikin na'urar, duk wata guda a zuba farin khal babban cokali 2 a tanki cike da ruwan ɗumi, a fesar da shi a kwano, sannan a bi da ruwa zalla. Tsinken feshin kuma a canza shi duk wata 6, idan mai gashin buroshi ne duk wata 3.