A Separation: fim ɗin Iran da ya kamata ku nema

Jama'a in kun gaji da fim ɗin duka da harbe-harbe ku nemi wannan. Na Asghar Farhadi ne, ya fito 2011, ya ci babbar kyautar bikin fina-finai na Berlin, sannan a 2012 ya ɗauko Oscar, karo na farko kenan ga Iran.

Simin tana so su bar ƙasar saboda 'yarsu Termeh, mijinta Nader ya ce ba inda za shi ya bar mahaifinsa da ciwon mantuwa ya kama, to daga nan fa gida ya rikice, ta koma gidan iyayenta shi kuma ya ɗauko wata mata Razieh ta riƙa kula da tsohon alhali tana da ciki kuma mijinta bai ma san ta karɓi aikin ba. Wurin da ya fi taɓa ni shi ne da tsohon ya ɓata jikinsa ta tsaya ta buga waya tana tambayar malamai ko halal ne ta wanke shi, wallahi duk wanda ya taɓa jinyar tsoho ya san wannan halin. Kuma ba mugu a fim ɗin, kowa dai so yake a bi tasa, yarinyar ce ke shan wahala a tsakani.

Sai dai a yi haƙuri, ya ɗan haura awa 2, ba waƙa ba rawa, da Farisanci suke magana dole ka bi rubutun ƙasa, kuma musu a gaban alƙali yana da yawa. Kar ka kalla kana danna waya, abubuwa za su wuce ka.