Tsohon nan mai kyanwa ko wanda ke rikiɗa ɓera?

Ɗan uwa ka tambaya tsakanin tsohon nan mai gadin makaranta da kyanwarsa a Harry Potter da wancan gajeren da yake rikiɗa ya zama ɓera, wa ya fi iya wasa, kuma me ya sa kullum a gefe ake ganinsu. To na farkon sunansa David Bradley, na biyun Timothy Spall, dukansu 'yan Ingila ne kuma makarantar koyon wasa ɗaya suka yi, RADA da ke Landan, amma hanyarsu ta rabu sosai.

Bradley haifaffen York ne a 1942, kuma bai shiga harkar da wuri ba, sai da ya yi shekaru yana koyon aikin hannu a kamfanin ƙera na'urori kafin ya tafi Landan. Daga nan wasan dandamali ya riƙe shi shekara da shekaru, har ya ci kyautar Olivier a 1991 ta mataimakin jarumi, a wasan King Lear. Wato lokacin da muka fara ganinsa a 2001 yana muzurai yana bin yara da fitila, mutumin ya kusa shekara 60 kuma ya riga ya ƙoshi da aikin, mu ne dai ba mu san shi ba.

Spall kuwa ɗan Landan ne, 1957, babansa ma'aikacin gidan waya. Shi talabijin ce ta fito da shi tun 1983 a Auf Wiedersehen, Pet, kuma shi da darakta Mike Leigh sun yi ta fim tare. A 1996 ya kwanta da kansar jini, Allah ya tashi kafaɗunsa ya dawo aiki. Rol ɗin ɓeran nan sai a 2004 ya zo, kuma shi ne Churchill a The King's Speech na 2010 in ka lura.

Inda suka bambanta shi ne Spall ya tsallaka. Ya ja fim da kansa a Mr. Turner, ya ɗauki kyautar gwarzon jarumi a bikin finafinai na Cannes da ke Faransa a 2014, sannan a 2024 BAFTA, hukumar karrama fim da talabijin ta Birtaniya, ta ba shi ta babban jarumi a talabijin saboda The Sixth Commandment. Don haka cewa kullum a gefe yake ba daidai ba ne, mu ne finafinan da yake jagoranta ba sa zuwa mana.

Shi Bradley yawanci gefen ya tsaya, kuma wallahi nan ne nake sara masa. Duba rol ɗinsa na Walder Frey a Game of Thrones, fitowarsa 'yan kaɗan ce, galibi ma a zaune yake kan kujera yana magana yana tauna abinci, amma bayan bikin auren nan na cikin shirin a 2013 da ya sa aka yi wa baƙinsa yankan rago, har yau mutane in sun ga fuskarsa sai sun ja tsaki. A 2013 ɗin dai ya fito a shirin talabijin na Broadchurch a matsayin dattijo mai shagon jarida da mutanen gari suka ɗora wa zargin kisan yaro alhali ba shi ya yi ba, ni dai na kasa gane cewa mutum ɗaya ne sai daga baya, fuskar da na tsana ita ce ta sa ni ƙwalla. Wannan ya ba shi BAFTA ta mataimakin jarumi a 2014, shekarar da Spall ya ci tasa a Cannes, abin kamar haɗin baki.

In faɗin aiki kake nufi da iya ɗaukar fim tun daga farko har ƙarshe, Spall ne, ba musu. In kuma maganar wanda za a ba minti biyar ya shigo ya ƙwace wajen daga hannun jarumi ce, ni Bradley zan ɗauka. A Harry Potter ɗin ma kanta ai ba a ba su fili ba dukansu, musamman Spall da aka bar shi da rawar jiki da noƙe wuya. Ka nemi Broadchurch zangon farko ka kalla tukunna, sai mu dawo mu yi musun da kyau.