Kalangu da Tabla ta Indiya: Wanne Ne Yake Magana a Cikinsu?

Wani ɗan'uwa a wannan zaure ya ce ya saurari kiɗan tabla ta Indiya, ya ji gangar tana lanƙwasa murya, tana hawa tana sauka kamar yadda kalangu yake yi, shi ne yake tambaya ko ita ma magana take yi, kuma ko asalinsu ɗaya ne. Malam, kunnenka bai yaudare ka ba game da lanƙwasar muryar, domin akwai ta a duka biyun. Amma kalangu ne yake kwaikwayon bakin mutum, ita kuwa tabla bakin mutum ne yake kwaikwayonta, kuma kusan duk sauran bambance-bambancen da ke tsakaninsu daga nan suka taso.

Kalangu ganga ɗaya ce mai baki biyu. Ana sassaƙa jikinsa daga itace guda, a rarake cikinsa, a tsuke tsakiyarsa kamar ƙugun turmi, a rufe kowane baki da fata marar kauri, sannan a haɗa fatun biyu da tsirkiyoyi masu yawa da suka bi tsawon jikin. Makaɗi yana rataya shi a kafaɗa, ya sa shi a hammata, ya riƙa dukan baki ɗaya da lanƙwasasshiyar gula. Idan ya matse tsirkiyoyin da damtse da hannun hagu, fata ta ɗaure, sauti ya yi sama. Idan ya sassauta, sauti ya sauko ya yi kauri. Yana iya yin haka tun kafin amon bugu ɗaya ya mutu, kuma yana yi ne a tsaye ko yana tafe, yana bin wanda yake yi wa kiɗa.

Tabla kuwa ganguna biyu ce, kowace da baki ɗaya, ana ɗora su a kan gammo a ƙasa, makaɗi ya zauna a gabansu ya yi aiki da yatsu da tafin hannu, ba da gula ba. Ta dama, wadda suke kira dayan, ita ce ƙarama, ta itace mai nauyi, faɗin bakinta kimanin santimita 15. Ta hagu, bayan, ta fi girma da zagaye, akan ƙera ta da jan ƙarfe ko tagulla, a da kuma har da yumɓu. Ita ta damar ba a canza mata murya a tsakiyar kiɗa. Kafin a fara, makaɗi yana ɗaukar ƙaramar guduma ya buga guntayen itacen da aka cusa ƙarƙashin igiyoyin fata, ya bi gefen bakin yana ƙwanƙwasawa, har sai gangar ta daidaita da muryar mawaƙi ko abin kiɗan da za ta raka, daga nan kuma ta tsaya a wannan matsayi. Lanƙwasar da ka ji daga ta hagu take fitowa: makaɗi yana dukan fatar da yatsa, a lokaci guda yana danna ta da gindin tafin hannunsa, yana tura shi gaba yana janyo shi baya. Wato a kalangu duk fatar ake ɗaurewa ta hanyar tsirkiya, a tabla kuwa fatar ake dannawa kai tsaye.

Abin da ya fi ɗaukar ido a fuskar tabla shi ne baƙin tabon nan, wanda ake kira siyahi. Haɗi ne na garin ƙarfe da ƙullun shinkafa ko na alkama, ana shafa shi sala-sala, ana goge kowane sala da dutse mai santsi kafin a ɗora wani. Ba ado ba ne. Fatar ganga idan an bar ta haka nan, sautuka da yawa take fitarwa a lokaci guda waɗanda ba su jitu da juna ba, shi ya sa kunne ke jin dukan kawai, ba ya tantance murya. Nauyin tabon yana daidaita waɗannan sautuka har su jeru yadda na tsirkiyar molo suke jeruwa, sai gangar ta riƙa yin ƙara mai tsabta da ke daɗewa. Masanin kimiyyar nan na Indiya, C. V. Raman, ya yi rubutu a kan wannan sirri na gangunan ƙasarsu a mujallar Nature a 1920, shekara goma kafin ya karɓi kyautar Nobel a kan wani aiki dabam da ya shafi haske. A gangar dama tabon yana tsakiya, a ta hagu kuma an kauce da shi gefe, wanda hakan ya bar wa gindin hannu filin dannawa. Wanda ya san kayan kiɗan fada zai tuna cewa mu ma dabarar ba baƙuwa ba ce gare mu, domin kotso, irin wanda Narambaɗa da Ɗanƙwairo suka yi kiɗa da shi, da yatsu ake kaɗa shi, kuma akan liƙa masa ɗanko a tsakiyar fata don gyara amo. A wannan fuska kotso ya fi kalangu kusa da tabla.

Sai batun magana, wanda shi ne zuciyar tambayar. Hausa harshe ne mai karin sauti: kowace gaɓa ko dai ta hau sama, ko ta sauka ƙasa, ko ta faro daga sama ta faɗo, kuma wasalinta ko dogo ne ko gajere. Da karin sauti muke raba kukan yaro da kukar miya, ko da yake a rubutu ba mu nuna shi. Kalangu ba shi da baƙi ba shi da wasali, amma yana da hawa da sauka, yana da tsawo da gajarta, don haka yana iya ɗauko kwarangwal ɗin jimla ya bar wa mai sauraro ya mayar mata da nama. A nan ne iyakarsa take, kuma ya kamata a faɗe ta, saboda akan zuzuta abin har a ce babu zancen da kalangu ba ya iya isarwa. Kalmomi da yawa suna tarayya a tsarin sauti ɗaya, saboda haka baƙon zance da ba a taɓa ji ba yana da wuyar ganewa daga fata. Abin da kalangu yake faɗa a gane shi nan take shi ne abin da jama'a suka riga suka haddace: taken mutum, kirarin gida ko na sana'a, karin magana, habaicin da kowa ya san inda ya dosa. Ɗan damben da ya ji takensa ya tsuma ya fito fili yana kirari ba fassara ya tsaya yi ba, sunansa ya ji an kira a bainar jama'a. Haka nan mutanen gari, idan suka ji kalangun mahauta daga kasuwa, sun san an yi yanka. Rabin maganar tana hannun makaɗi, rabi tana kunnen wanda ya tashi a cikin harshen.

Hindi da Urdu, harsunan yankin da tabla ta girma, ba sa raba ma'anar kalmomi da karin sauti irin namu, don haka lanƙwasar gangar hagu ba jimla take ɗauke da ita ba, zaƙi take ƙara wa kiɗa. Duk da haka babu wata ganga da na sani wadda aka ɗaure ta da baki kamar tabla. Kowane irin bugu yana da gaɓar da ake kiransa da ita, kuma waɗannan gaɓoɓi su ake ce wa bol. Bugun gefen gangar dama shi ne "na" ko "ta", buɗaɗɗen bugun ta hagu "ge", idan aka haɗa su a lokaci guda ya zama "dha", marin ta hagu da shimfiɗaɗɗen tafi kuma "ke". Malami yana karanta wa almajiri jerin bol da baki, almajiri ya haddace, ya iya rera su yana ƙirga da tafi, sannan hannu ya bi. Wanda ya yi karatun aruli, wato ilimin awon baitin waƙa, zai gane tsarin da sauri, domin kamar fa'ulun mafa'ilun ne: gaɓoɓi ne marasa ma'ana a kansu, aikinsu riƙe awo.

Awon shi ake kira tala, wato zagaye mai ƙayyadadden adadin bugu da ake ta maimaitawa. Mafi shahara shi ne tintal mai bugu 16, kashi huɗu na hurhuɗu, wanda ake karantawa haka: dha dhin dhin dha, dha dhin dhin dha, dha tin tin ta, ta dhin dhin dha. A kashi na uku amon gangar hagu yana ɗaukewa na ɗan lokaci, wannan kuwa alama ce ga mawaƙi cewa an wuce rabin zagaye. Akwai jhaptal mai 10, da ektal mai 12, da rupak mai 7, sai keherwa mai 8 da dadra mai 6 waɗanda suka fi yawa a waƙoƙin nishaɗi. Gwanintar makaɗi ita ce ya yi nisa da awon, ya rarraba shi, ya ninka sauri, sannan ya dawo ya sauka daidai kan bugu na farko tare da mawaƙi, sau da yawa ta hanyar maimaita guntun tsari sau uku wanda na ƙarshensa zai faɗa a wurin. A wasan tabla zalla makaɗi yakan tsaya ya karanta tsarin da baki, sannan ya kaɗa shi. Mai yiwuwa irin wannan ne ya sa ka ji kamar gangar tana zance.

Wannan bambanci ya yi tasiri a kan yadda kowace ta yi tafiya a duniya. Bajamushe ko Bajapane yana iya koyon tabla har ya ƙware ba tare da ya ji Hindi ba, tunda bol ɗin suna rubutuwa, kuma tun zamanin masanin kiɗan Indiya Bhatkhande, wanda ya rasu a 1936, ake da tsarin rubuta kiɗan arewacin Indiya a littattafai. Kalangu kuwa ana iya koyon dukansa a ko'ina, amma maganarsa ba ta koyuwa sai da Hausa a kunne da sanin mutanen da ake kira. A ganina wannan ne ya sa baƙo yake raina zurfin kalangu: wahalar tabla a fili take, ana ganin yatsu suna gudu, ta kalangu kuwa a ɓoye take cikin abin da makaɗi ya sani na nasabar mutane da tarihin gidajensu. Haɗarin kuma shi ne take yana mutuwa idan masu gane shi suka ƙare, ko da kalangun yana nan a rataye.

Ta fuskar matsayi a cikin al'umma sun fi kama da juna fiye da yadda ake zato. Dukansu sana'ar gado ce. Kalangu kayan kiɗan jama'a ne, na mahauta da 'yan dambe da dandalin 'yan mata da biki, ɗan'uwansa jauje ne yake cikin kayan kiɗan fada, kuma Mamman Shata, wanda ya rasu a 1999, shi ya kai shi inda bai taɓa zuwa ba. Ba ya tafiya shi kaɗai, akwai ƙananan ganguna, ɗan karɓi da kuntuku, da ke riƙe masa kiɗa yayin da yake zance. Tabla ta bayyana sosai ne a ƙarni na 18 a kewayen fadar Delhi, kuma labarin da ake yawan bayarwa cewa mawaƙi Amir Khusrau na ƙarni na 13 ne ya raba wata doguwar ganga biyu ya samar da ita, hikaya ce kawai. Gidaje shida aka sani da riƙon salonta: Delhi, Ajrada, Lucknow, Farrukhabad, Banaras da Punjab, yawancinsu zuriyar Musulmi. Su ma an daɗe ana ɗaukar makaɗin tabla a matsayin ɗan rakiya, ƙasa da mawaƙi. Makaɗin tabla Alla Rakha, wanda ya yi wasa da shahararren makaɗin Indiya Ravi Shankar a bikin Woodstock na Amurka a 1969, da ɗansa Zakir Hussain, wanda ya rasu a Disamban 2024, suna cikin waɗanda suka sauya wannan kallo.

Game da asali, kamannin sauti ba hujjar zumunci ba ne, domin duk wanda ya ɗaura fata a kan rami zai gano cewa matsa ta yana ɗaga murya. Dangin kalangu a Afirka ta Yamma suke: dundun da gangan na Yarabawa, lunga ta Dagomba a arewacin Gana, da tama ta Wolof a Senegal. Haka kuma yawancin abin da kunnenmu ya saba da shi a finafinan Indiya, musamman kiɗan biki da rawa, ba tabla kaɗai ba ce, akwai dholak, doguwar ganga mai baki biyu da ake kwantarwa a cinya a doki ɓangarorinta da hannu. Idan kuma mai kama da kalangu a ƙira kake nema a Indiya, sai ka bar arewa ka gangara jihar Kerala, inda ake kaɗa idakka a wuraren bauta: tsukakken ƙugu gare ta, ana rataya ta a kafaɗa, ana dukanta da siririn sanda, hannu ɗaya kuma yana ɗaure igiya yana sassautawa har ta fitar da karin waƙa. Japan ma tana da kotsuzumi na wasan kwaikwayon Noh, wanda ake ɗorawa a kafaɗar dama, hannun dama yana duka, na hagu yana matse igiyoyinsa.