Gidan kallon Badariya da wasan zari-rugar 'yan sandan Birtaniya

Gidajen kallon ƙwallo a Birnin Kebbi kusan duk kanwar ja ce: allo biyu ko uku, benci, janareta, sai Firimiya ranar Asabar da Lahadi. Wanda zan yi magana a kansa yana Badariya, bayan layin masu gyaran babur. Abin da ya raba shi da saura shi ne mai gidan yana ba da hayar allo a ranakun da babu babban wasa. Ka faɗi abin da kake son gani, ya nemo maka a YouTube, ya jona waya da talabijin, ku biya kuɗin data da na zama.

Ni tsohon ɗan sanda ne, da muƙamin Sufeto na yi ritaya, kuma tun ina kurtu nake cikin masu jan igiya da gudu na rundunarmu. Ɗan ƙanena da ke aikin jinya a arewacin Ingila ne ya turo mini wani guntun bidiyo, ya ce, "Baba, ga 'yan uwanka suna wasa." Ƙungiyar zari-ruga ce ta 'yan sandan Birtaniya. Allon waya bai ishe ni in bi abin da ke faruwa ba, shi ya sa na tara abokan aiki na dā da muke zaman majalisa tare, muka nufi gidan kallon nan wata Talata bayan Azahar.

Rumfar kwano ce, bangon bulo ya kai ƙirji, daga nan zuwa sama an kewaye da zana. Allo uku ne, babban mai inci 55 yana tsakiya, kuma hotonsa tas yake, har lambar da ke bayan riga kana karantawa daga bencin ƙarshe. Da rana sola da batir ke riƙe da wurin, sai dare ake tada janareta. Wannan ba ƙaramin abu ba ne ga mai son jin sharhi, don babu ƙarar inji a kunne. Kallon Firimiya naira 200 ne kowane kai. Hayar allo kuwa mun yi ciniki a kan naira 2,000 har da data, muka raba a tsakaninmu. Ban ga tsada a nan ba.

Mai gidan matashi ne mai ladabi, bai taɓa ganin wasan ba. Minti biyar da farawa, da ya ga ƙarti uku sun tare mutum ɗaya sun kai shi ƙasa cikin taɓo, sai ya juyo ya ce, "Baba Sufeto, wanga wasa na ko hwaɗa?" Na ce, "Zamna ka gani, ɗana." Ya zauna, kuma bai tashi ba sai da aka je hutun rabin lokaci.

Wasan yana da tsari ƙwarai idan ka gane shi. Mutum 13 ne kowane ɓangare, minti 80. Ƙwallon doguwa ce mai kan tsini biyu, a hannu ake gudu da ita, kuma ba a miƙa wa abokin wasa ta gaba, sai gefe ko baya. Idan aka kayar da mai ƙwallo, sai ya miƙe ya tura ta baya da ƙafa, masu tsaro kuma su ja baya mita 10. Sau shida ake ba ku wannan dama. In ba ku ci ba, ƙwallo ta koma hannun abokan karawa. Wanda ya dangwala ta a ƙasa bayan layin ƙarshe ya samo maki 4, bugun da ke biyo baya maki 2. Babu hular kwano, babu sulke. Duk wanda ya saba kallon kokawa a bikin kamun kifi na Argungu zai gane kamun nan da nan: a sunkuya, a sa kafaɗa a cinya, a zagaye ƙafafu da hannu, a ɗaga. Yaran da suka leƙo ta zana daga nan suka fara ihu, don wannan sun san shi.

Filin da aka buga wasan ba wani katafaren fili ba ne. Ciyawa ce da ruwan sama ya jiƙa, 'yan kallo tsaye a jikin ƙarfen da aka kewaye fili da shi, kowa cikin rigar sanyi, numfashi na fita kamar hayaƙi. A watan Janairu ake buga zagayen farko na gasar Challenge Cup, kuma a nan ƙungiyar 'yan sanda take shiga, tare da ta sojojin ƙasa, ta sojojin ruwa da ta sojojin sama, su kara da ƙungiyoyin unguwanni waɗanda ba albashi ake biyansu ba. Manya irin su Wigan, St Helens da Leeds sai can gaba suke shigowa. Tsohuwar gasa ce, a 1897 aka buga wasan ƙarshenta na farko, kuma tun 1929 aka fara kai wasan ƙarshe filin Wembley da ke Landan. Ke nan kurtun da ya sauka daga aikin dare yana cikin gasa ɗaya da ƙwararrun da ake nunawa a talabijin.

Abin da ya fi kama ni shi ne yadda ake haɗa ƙungiyar. Birtaniya ba ta da runduna guda irin tamu. Ingila da Wales kaɗai rundunonin yanki 43 gare su, kowace da shugabanta. Daga cikin rundunoni daban-daban ake tsamo 'yan wasan, kowa da jadawalin aikinsa. Wanda ya taɓa neman izinin DPO don ya je atisaye, alhali ofis ba isassun mutane, ya san abin da nake nufi. Tara mutum goma sha bakwai masu lafiya, har da 'yan canji, a rana ɗaya, wuri ɗaya, shi kansa aiki ne.

Kuma wasan ya dace da irin waɗannan mutane, don asalinsa na leburori ne. A ƙarshen ƙarni na 19, yawancin 'yan zari-ruga na arewacin Ingila masu haƙar gawayi ne da ma'aikatan masaƙu. In mutum ya bar aiki ranar Asabar ya je wasa, ladan ranar ya tafi. Ƙungiyoyinsu suka ce a bar su su biya shi abin da ya rasa, shugabannin wasan na kudu, waɗanda masu hali ne, suka ce atafau ba a karɓar kuɗi a wasa. Ranar 29 ga Agusta 1895, ƙungiyoyi 22 suka yanke shawarar ɓallewa a wani taro a otal ɗin George da ke garin Huddersfield, suka yarda a riƙa biyan sule shida na ranar da aka rasa. A 1906 suka rage 'yan wasa daga 15 zuwa 13. Wannan reshe shi ake kira Rugby League. Gabar ta daɗe: wanda ya buga wasan 'yan arewa korarsa aka riƙa yi daga ɗaya ɓangaren, wanda shi bai halatta biyan kuɗi ba sai 1995, shekara ɗari cif. Rundunar sojin Birtaniya ma ba ta amince da wasan a hukumance ba sai 1994. Shi ya sa ganin masu kaki a cikin gasar yake da nauyi a wurin mutanen can.

Akwai wani wuri a rabi na biyu da na sa mai gidan ya maido mana baya. Wani ɗan sanda mai faɗin ƙirji ya taho a guje, wani siririn ɗan unguwa ya tare shi a gwiwa ya zubar da shi, fuska a taɓo. Alƙalin wasa bai busa komai ba, don kamun halal ne. Ɗan sandan ya miƙe, ya share ido da bayan hannu, ya tura ƙwallo baya, aka ci gaba. Da aka tashi suka jeru suna musabaha. Abokina da ke gefena, wanda muka yi aiki tare a Yauri, ya daɗe bai ce uffan ba, can ya ce, "Da ana haka tsakaninmu da samarin gari, da wasu labaran sun riƙa zo mana da wuri." Gaskiya ya faɗa. Yaron da ya kayar da kai a fili ranar Asabar ba ya jin tsoron tare ka a hanya ranar Litinin ya ce ya ga baƙin fuskoki a bayan gari, kuma a halin da yankinmu yake ciki yau, wannan magana tana iya ceton rai.

Ba wai mu ba mu da tarihin wasanni ba ne. Chioma Ajunwa 'yar sanda ce lokacin da ta yi tsallen mita 7.12 ta ɗauko zinare a Atlanta a 1996. Marigayi Sunday Bada, gwanin gudun mita 400, ɗan sanda ne. Ana yin gasar wasannin 'yan sanda ta ƙasa, an yi a Awka a 2020, a Uyo a 2022, a Ibadan a 2024. Maƙwabtanmu na Yamai suna da AS Police a gasar ƙwallon ƙafarsu. Amma yawancin namu tsakaninmu muke yi, ɗan sanda da ɗan sanda, mutanen gari ba su ma san an yi ba. Ita zari-rugar kanta ba baƙuwa ba ce a ƙasar nan: a 2019 Najeriya ta ci kofin yankin Gabas ta Tsakiya da Afirka a Legas, bayan ta doke Maroko. Ƙarfin da wasan ke bukata kuwa, akwai shi jibge a Kabi.

To, sai aibin gidan, kuma ba zan ɓoye ba. Da yamma ta yi, intanet ta fara tsinkewa, hoto ya tsaya ana tsaka da gudu, wannan da'irar ta riƙa juyawa a allo. Minti goman ƙarshe da ƙyar muka gan su. Bencin ba su da majingina, ɗaya ma ƙusa ta fito ta kama mini riga. Allon gefe an ba yara suna buga gem, ƙararsu ta danne sharhin, wanda dama Turancin arewacin Ingila ne mai wuyar kamawa. Babu ban-ɗaki, sai ka fita ka nema. Abin da ya fi ɓata mini rai shi ne samari biyu da suka zauna a ƙofa suna duba takardar caca a gaban ƙananan yara. Na yi wa mai gidan magana a gefe, ya ce, "Yallaɓai, in sha Allahu za a gyara," kuma da na koma ban same su ba. Ƙusar ma an buge ta. Yana da buta da tabarma, kuma da aka kira La'asar shi da kansa ya tsayar da bidiyon, wanda ba kowane gidan kallo ke yi ba.

Duk da haka ina ba da shawarar wurin, musamman ga tsofaffin ma'aikata da malaman motsa jiki na makarantu. Ku je Talata ko Laraba bayan Azahar, lokacin babu cunkoso. Ku sanar da shi tun jajibiri don ya sauko da bidiyon cikin dare, haka muka yi a zuwa na gaba kuma bai tsinke ko sau ɗaya ba. Ku roƙe shi ya kashe allon gem, mai ciwon baya kuma ya taho da matashi. Ni na riga na ba shi sallahun wasan ƙarshe na 1994 tsakanin Wigan da Leeds, wanda Martin Offiah, ɗan asalin Najeriya da aka haifa a Landan, ya ɗauki ƙwallo tun daga kusa da layinsu ya ratsa fili har ya ci. Ya ce in ba shi zuwa Laraba.