Tarin finafinan Shinya Tsukamoto a filash: zaɓi mai kyau, kwafi mai cin rai

Finafinai shida ne a ciki: Tetsuo: The Iron Man na 1989, Tokyo Fist na 1995, A Snake of June na 2002, Kotoko na 2011, Fires on the Plain na 2014, sai Silence na Martin Scorsese. A wannan na ƙarshe ba Tsukamoto, daraktan Japan ɗin, ne ya ba da umarni ba, fitowa ya yi a matsayin Mokichi, Kiristan ƙauye a Japan da aka gicciye a bakin teku, igiyar ruwa na dukansa har rai ya yi halinsa. Wanda ya haɗa tarin ya san mutumin, ya nuna shi a darakta ya nuna shi a jarumi. Kuɗin ma ba laifi.

Tetsuo ne ya ɓata min rai, kuma don shi ake sayen irin wannan tarin. Fim ne na minti 67, baƙi da fari, an ɗauke shi da kyamarar 16mm, labarin ma'aikacin ofis da jikinsa ke rikiɗewa ƙarfe bayan ya kaɗe wani da mota. Tomorowo Taguchi ne ma'aikacin, Tsukamoto kansa ne wanda aka kaɗe ɗin, mai cusa wa cinyarsa ƙarfe. Hoton asali yana da tsaki-tsaki, kuma wuraren gudu a titi ɗai-ɗai aka ɗauki hotunansu aka jera, shi ya sa mutum ke sulalewa kamar ana jansa. To, an matse fayil ɗin har bai kai MB 300 ba. Matsewa ba ta shiri da tsaki da saurin sauyawar hoto, sai duk wuraren nan suka koma dabbare-dabbare, ba ka bambance waya da fata. Aikin da aka shafe kusan wata 18 ana yi, galibi a ɗakin Kei Fujiwara wadda ta fito a budurwar kuma ta riƙe kyamara, an mayar da shi kamar talabijin ɗin da eriyarta ta karkace. Haba!

Ga kuma miƙe hoto. Tsarin 4:3 aka yi fim ɗin, su kuwa sun ja shi ya cika allo, fuskoki suka baje. Wannan yana gyaruwa: a manhajar kallon bidiyo ta VLC ka riƙa danna A har ya dawo 4:3. Sautin ne ba ya gyaruwa. Kiɗan Chu Ishikawa bugun ƙarafa ne mai nauyi, rabin tsoron fim ɗin a nan yake, amma a wannan kwafin kamar ana kaɗa gwangwanin madara.

A Snake of June ya fito da shuɗinsa yadda ya kamata, Kotoko ma tas, wanda ya ci kyautar Orizzonti a bikin finafinai na Venice. Ganin su ya sa na fara cewa tarin ya biya kuɗinsa. Sai na kai kan Fires on the Plain, labarin sojan Japan da yunwa ta ci a Filifin ƙarshen yaƙin duniya na biyu, inda Tsukamoto ne babban jarumin. Rubutun fassarar na tserewa magana, kuma tazarar ƙaruwa take yi, kusan daƙiƙa biyu da rabi kowane minti. Dalili shi ne an tsara rubutun a kan kwafi mai hoto 25 a daƙiƙa, fim ɗin kuwa 23.976 ne. Danna G da H a VLC ba zai fisshe ka ba, don su gaba ɗaya suke matsar da rubutun; sai dai a nemo wanda ya dace.

Saboda haka na janye yabon. Kafin ka biya, ka ce mai shagon ya kunna maka Tetsuo a wurin gudun titi, kuma kada a kunna shi gaban yara, akwai jini da tsiraici.