Ranar da na mayar da motar maƙwabciya zabuwa a Manchesta

Jama'a wallahi har yau in na tuna sai kunya ta rufe ni. Wata na huɗu kenan ina bin wani bature mai fenti a nan Manchesta, aikinmu bangon waje ne, irin gidajen nan da ake watsa wa tsakuwa a jikin filasta, kamar tairoliyan ɗinmu na gida amma ya fi kaushi. Rola ba ta shiga ramukan sosai, shi ya sa muke aiki da injin feshi, namu ƙirar Graco ne, famfo ke tunkuɗo fentin da ƙarfin da ya kai bar 200 (bar ma'aunin ƙarfin matsi ne), tun ranar farko oga ya ce in na kuskura na sa yatsa a bakinsa fenti zai huda fata ya shige nama, sai asibiti.

Shirin ne ya fara ƙona min rai. Kwana biyu cur ba mu buɗe bokiti ba, wanke bango, fesa maganin gansakuka, toshe tsaga, a zauna jiran ya bushe a garin da rana ke leƙowa kamar sabuwar amarya, sannan a naɗe taga da ƙofa da leda da salatif. Sanyi ya sauka ƙasa da digiri 5 babu fenti, hadari ya haɗo babu fenti.

To ranar oga ya fita sayo kaya, saura gefe ɗaya, na ce bari in nuna ƙwazo, na hau tsani na fara feshi. 'Yar iska na kaɗawa, ban ɗauke ta komai ba, wanda ya sha hunturun Kano ai wannan ba iska ba ce. Ina saukowa na waiga, baƙar motar tsohuwar da ke maƙwabtaka ta koma zabuwa, ɗigo-ɗigo fari tun daga gilashi har taya. Ta fito, na durƙusa ina ba ta haƙuri ina jiran zagi, ina! Waya kawai ta ɗaga ta ɗau hoto, ta ce in oga ya dawo ya ba ta takardar inshora, sannan wai ko zan sha shayi. Wallahi da mari ta yi min da ya fi sauƙi.

A gida da tuni unguwa ta taru, a yi hayaniya, wani dattijo ya ce ƙaddara ce a yi haƙuri, kafin la'asar kun koma gaisawa, na yi kewar wannan ba kaɗan ba. Amma fa shi ya sa mai fenti a can zai tsarge bokiti da ruwa ya shafa, ya ɓata tayil da akuyar maƙwabci, ya karɓi kuɗinsa ya ƙara gaba, damina ɗaya bango ya fara saɓa.

Oga bai ce uffan ba, zirin leda ya ɗaura a jikin tsani ya ce in ta motsa in ajiye bindigar feshin. Jiya ƙanina ya kira wai za su yi wa gidanmu fenti kafin Sallah, filastar ko sati ba ta yi ba, na ce kowa ya taɓa bangon nan kafin wata guda ba da kuɗina ba.